Shiga fim daga Kaduna: abin da sabuwar jaruma za ta shirya kafin ranar zuwa lokeshan, wurin ɗaukar fim

Ki fara da yardar gida. Kamfanin da ya san abin da yake yi ba zai ɗora miki kyamara ba sai mahaifi ko waliyyi ya amince, domin in iyaye suka tayar da ƙura bayan an gama ɗauka, furodusa ne zai kwana a ciki. Daga nan sai rajista da ƙungiyar masu shirya fim, wato MOPPAN. Kada ki ɗauke ta da wasa: ita ce ta dakatar da Rahama Sadau, 'yar Kaduna, a 2016 kan bidiyon wata waƙa. In aiki zai riƙa kai ki Kano, can akwai Hukumar Tace Fina-finai da aka kafa a 2001, ita ma da nata sharuɗɗan.

Kuɗin rajista da rasit yake zuwa. Wanda ya ce ki biya shi ya sa ki a fim, ko ya kira ki gwaji a ɗakin otal, ba fim yake nema ba. Ki je ofis da rana, tare da yayarki ko ƙanin mahaifiyarki.

Abin da ya fi kayar da sababbi shi ne kwantiniti, wato kaya da kamanninki su kasance iri ɗaya daga wannan fitowa zuwa ta gaba. Yawancin aikin yanzu mai dogon zango ne, na YouTube ko tashoshi irin su Arewa24, kuma ba a ɗaukar sin-sin, wato fitowa-fitowar da ke cikin labarin, a jere. Duk abin da ya faru a falo ɗaya rana ɗaya ake ɗauke shi, ko da a labarin wata uku ne tsakani. Za ki fita daga gida a Unguwar Rimi yau, isowarki Ƙofar Gamji kuma sai mako mai zuwa za a ɗauka, amma mai kallo a minti ɗaya zai ga duka biyun. Saboda haka kafin ki cire kaya, ki ɗauki hotonki gaba da gefe, ki rubuta lambar sin ɗin. Ɗaurin ɗankwali, ɗan kunne, hannun da jaka take, duk su koma yadda suke. Lalle kuwa mugun abu ne a nan, don kullum dusashewa yake. Gara ki haƙura da shi har a gama. Kayan da kika yi sin da su kada ki ba da aron biki.

Sau da yawa ke za ki zo da kayanki. Kala biyar ko shida sun isa farawa: atamfa, leshi ɗaya, doguwar riga, hijabi da mayafi. Ki guji yadi mai ƙananan layuka, rawa yake yi a kyamara, fari ƙal kuma yana ƙona hoto a rana. Awarwaro masu kaɗawa su zauna a gida, makirfo na kwashe ƙararsu.

In an ce akshin, kada ki kalli kyamara, kada ki tsaya sai darakta ya ce kat, ko da kin yi tuntuɓen harshe. Ki haddace maganar abokin wasanki tare da taki, don daga bakinsa za ki san inda za ki shiga.

Maganar sallama kuma a yi ta tun kafin a kunna kyamara: nawa ne, a kan sin ko a kan kwana, wa zai biya mota da masauki in aka wuce Zariya ko Kano. Ki sa a turo miki a rubuce, ko da ta WhatsApp ne.