Idan aka cire kuɗi a katinka da sunan kantin wasannin bidiyo ba da saninka ba

Abu na farko shi ne ka shiga manhajar bankinka ka kulle katin na wucin gadi. Yawancin bankuna sun tanadi wannan, kuma kana iya buɗe shi duk lokacin da ka so. Kada ka soke katin tukuna, kada kuma ka yi gaggawar kai ƙara banki cewa an sace maka kuɗi. Kullewar za ta hana a ƙara cirewa yayin da kake bincike, kuma binciken ne zai nuna maka wurin da ya kamata ka nufa, kantin ko banki. Wanda ya kuskure nan yana iya dawo da kuɗinsa amma ya rasa asusun wasanninsa dungurungum.

Daga nan ka buɗe layin cirar a bayanin asusunka ka kwafe abubuwa huɗu: sunan yadda aka rubuta shi harafi bi da harafi, adadin kuɗin, ranar, da kuma ko an kammala cirewa ko dai an riƙe kuɗin ne kawai. Na ƙarshen nan yana da muhimmanci. Idan ka saka kati sabo a wani kanti, sau da yawa akan riƙe ɗan ƙaramin kuɗi don a tabbatar katin yana aiki, sai a sake shi bayan 'yan kwanaki. Haka ma idan ciniki ya gaza ka sake gwadawa, kana iya ganin layi biyu, ɗaya ya ɓace da kansa. Bankuna da yawa ba sa karɓar ƙorafi sai an kammala cirewa.

Sunan da ke kan layin ba lallai ya zama wanda ka sani ba. Sayayyar Steam, kantin wasannin kwamfuta, takan fito da STEAMGAMES.COM ko Valve. Ta Xbox takan fara da MICROSOFT ko MSFT. Ta PlayStation takan zo da PLAYSTATION NETWORK ko sunan Sony. Abin da aka saya cikin wasan waya kuwa yakan ɗauki sunan kantin manhajoji ne: APPLE.COM/BILL a wayar iPhone, ko GOOGLE da alamar tauraro sannan sunan wasan ko na kamfanin da ya yi shi. Akwai kuma kamfanonin da ke karɓar kuɗi a madadin masu wasanni, irin su Xsolla da PayPal, sai ka ga sunansu maimakon sunan wasan. Adadin ma yana iya ɗan bambanta da na rasit idan an yi cinikin da kuɗin wata ƙasa, saboda canji da la'adar banki. Ranar kuma tana iya gusawa da kwana ɗaya ko biyu.

Yanzu ka bincika imel ɗinka, duk adireshin da kake amfani da shi, har akwatin tarkacen saƙonni. Nemi sunan kantin, sannan nemi adadin kuɗin. Bayan haka ka shiga asusunka na kantin ka duba tarihin sayayya. Ka rubuta adireshin shafin da hannunka ko ka bi ta manhajarsu. Kada ka latsa mahaɗin da ya zo cikin saƙo, don 'yan damfara suna aika rasit na bogi mai ɗauke da lambar waya ko mahaɗin "soke ciniki".

Abu uku ne suka fi yawan bayyana a wannan mataki. Na ɗaya, rajista mai sabunta kanta: Game Pass, PlayStation Plus, Nintendo Switch Online, EA Play, ko katin zama mamba na kanti irin GameStop. Ta shekara-shekara ta fi rikita mutane, domin wata goma sha biyu sun isa mutum ya manta, haka ma gwajin kyauta da ya ƙare ya koma na biya. Na biyu, wasan da aka yi odarsa tun kafin ya fito. Wasu kantunan ba sa cirar kuɗin sai fitowar ta matso ko sai an aiko da kayan. A Nintendo eShop, alal misali, sai saura mako ɗaya. Na uku, kuma shi ya fi yawa, wani ne a gida. Katin da aka taɓa sakawa a na'urar wasa ko waya yakan zauna a ajiye, yaro ya danna sau biyu ya sayi kuɗin cikin wasa, kamar V-Bucks a Fortnite, ko Robux a Roblox, ko UC a PUBG Mobile. Alamarsa ita ce ƙananan cira masu adadi iri ɗaya a jere, uku ko huɗu cikin rabin awa, galibi da yamma ko a ƙarshen mako. Tambayar yaro "ka sayi wani abu?" ba ta cika amfani ba, don shi a wurinsa ba kuɗi ya kashe ba. Karɓi na'urar ka duba tarihin sayayya da kanka, a kowane asusu da ke cikinta.

Idan ka ga cinikin a asusunka ko na wani ɗan gida, kantin za ka nema. Kowane kanti yana da wa'adinsa, kuma gajere ne. Steam na mayar da kuɗin wasa idan ba a wuce kwana 14 da saye ba kuma ba a buga shi awa biyu ba. PlayStation na ba da kwana 14 muddin ba a fara sauke wasan ba. Na Apple ana nema ta reportaproblem.apple.com. Google Play na da fom na musamman na cirar da ba a ba da izini ba, kuma yana karɓar ƙorafin kati cikin kwana 120. Kuɗin cikin wasa da aka riga aka kashe shi ne mafi wuyar dawowa, saboda haka a hana yaron taɓa abin da ya rage har a gama magana. Idan rajista ce, ka kashe sabuntawar a cikin asusun. Goge manhaja daga waya ba ya tsayar da ita.

Ga dalilin da ya sa ba a fara da banki a irin wannan hali. Idan banki ya janye kuɗin daga hannun kantin da ƙarfi, kantin yana ɗaukar cewa asusun yana da bashi. Sony na dakatar da asusun PlayStation har sai an biya, Steam ma na taƙaita asusun da aka yi wa haka. Ke nan saboda ciniki ɗaya mutum ya rasa wasannin da ya tara shekara da shekaru. A watan Disambar 2022 kamfanin Epic Games, mai wasan Fortnite, ya amince ya biya dala miliyan 245 bayan hukumar kula da kasuwanci ta Amurka ta zarge shi da cirar kuɗi ba da son mutane ba, har da kulle asusun waɗanda suka kai ƙara banki. Banda haka, idan kantin ya nuna wa banki cewa daga na'urarka aka saya, ƙorafin zai faɗi.

Wani lokaci cinikin yana cikin asusunka amma babu wanda ya yi shi a gida. To an shiga asusun ne. Canza kalmar sirri ta asusun da ta imel ɗin da ke haɗe da shi, ka fitar da duk na'urorin da ke ciki, ka kunna tantancewa mai mataki biyu, ka cire katin da aka ajiye, sannan ka sanar da kantin cewa an yi maka kutse.

Idan kuwa ka duba ko'ina ba ka ga cinikin ba, ko ma ba ka da asusu da kantin sam, lambobin katinka ne suka faɗa hannun wani. Ɓarayi suna son kantunan wasanni domin katin kyauta (katin kanti da aka riga aka zuba wa kuɗi) da lambobin wasa suna zuwa nan take kuma suna da sauƙin sayarwa, kuma sukan fara gwada kati da ƙaramin kuɗi kafin su ɗebi mai yawa. Nan banki ne wurin zuwa, a ranar. Kira lambar da ke bayan katin, ka ce ba kai ka yi cinikin ba kuma ba ka ba kowa izini ba, a soke katin a ba ka sabo, a buɗe maka ƙorafi a ba ka lambar bibiya. Ka duba bayanin asusunka na wata uku baya, ka haɗa duk wata cira da ba ka gane ba cikin ƙorafin. Ƙa'idojin Visa da Mastercard galibi suna ba da kwana 120, amma bankinka na iya samun wa'adi mafi gajarta, musamman a katin da ke cirar kuɗi kai tsaye daga asusu. Kantin ba zai gaya maka sunan mai asusun da ya yi amfani da katinka ba, sai dai yana iya toshe katin a wurinsa.

Ka tambayi banki ko sabon katin zai gaji tsofaffin rajistoci. Visa da Mastercard suna da tsarin da ke aika wa 'yan kasuwa sabbin lambobin kati kai tsaye, shi ya sa wasu ke ganin cirar ta dawo bayan sun canza kati. A ce a toshe wannan kantin a kan sabon. Duk wanda kuma ya kira ka da sunan banki ko kanti yana neman lambar da aka turo maka a waya "don a mayar maka da kuɗi", kashe wayar. Mayar da kuɗi ba ya buƙatar wannan lamba.

Bayan an gama, ka saita na'urar wasa da wayoyin gida su riƙa neman kalmar sirri a kowace sayayya, ka buɗe wa yara asusun yara mai iyakar kashe kuɗi, ka kunna saƙon banki na kowace cira komai ƙanƙantarta. Idan da hali, a riƙa cika asusun wasan da katin kyauta na kantin maimakon ajiye katin banki a ciki.