Kafin ka wanke PS3 ɗinka: kurakuran saka gem da yadda ake gyara su

Wata Asabar cikin hunturun bara, ɗan yayata ya taso daga Gyallesu da PS3 ɗinsa, wato na'urar gem ta PlayStation 3, a cikin buhu, ya dire min ita a gaba, ya ce, "Kawu, ta mutu. An ce sai an wanke ta." Kwana uku ya yi yana sauke gem ɗaya da datar dare. Da ya zo saka shi sai abu ya tsaya cak, lambar 80029564 ta fito a allo. Wani abokinsa ya ba shi shawarar ya yi mata fomatin, wato ya wanke ta ya share duk abin da ke ciki. Da ya bi shawarar, da ya yi asarar gem goma sha ɗaya da kakar wasa huɗu ta Master League a gem ɗin ƙwallo na PES, alhali laifin na fayil ɗaya ne da ya sauko a gurgunce.

Shekara shida na yi ina riƙe da shagon gem a Tudun Wada, kuma abin da ya fi ci min rai shi ne yadda ake gaggawar wanke na'ura. Garin gyaran gira ake rasa ido. PS3 ta fito tun 2006, siririyar ta biyo baya a 2009, mai murfin zugewa a 2012. Tsohuwa ce, tana da halinta, wanda bai san halin ba sai ya ɗora mata laifin da ba nata ba.

Wannan lambar da ta tsorata yaron, ma'anarta ita ce fayil ɗin da ake ƙoƙarin sakawa ya samu tangarɗa. Galibi intanet ce ta yanke ana tsakiyar saukewa. A goge fayil ɗin kawai, a sake saukewa. Wayalas ɗin PS3 tsohon yayi ne, zangon 2.4GHz kaɗai take gani, shi ya sa idan ka kunna hotspot na wayarka a kan 5GHz za ka yi ta nema ba ta gan shi ba. Idan da hali a ja waya daga rauta a soka mata a baya, ya fi sauri, ya fi tsayawa. Idan kuma an sake saukewa sau biyu, sau uku, gem daban-daban, kullum lambar na dawowa, to a nan ne za a fara zargin had-dis ɗin cikinta.

Maganar fili

Mutum zai duba ya ga saura giga 20, gem ɗin kuma giga 14 ne, ya ce ai ya isa. Bai isa ba. PS3 tana sauke gem a ƙunshe, sannan ta warware ƙunshin ta girka shi, kuma ba ta zubar da ƙunshin sai ta gama. Ke nan a wannan lokacin kwafi biyu ne a cikinta. Ka tanadi ninkin girman gem ɗin kafin ka fara. Sannan wanda ya sauko ba a saka shi ba, wanda ke zaune cikin ƙwallon kumfa a jerin gem, shi ma fili yake ci. Na taɓa samun guda biyar irinsu a injin wani yaro ɗan Samaru, yana kukan ba fili.

Had-dis mai giga 500 ma ba 500 za ka gani ba, wajen 465 zai nuna, kuma na'urar tana ware wa kanta wani kaso. Masu ƙaramar nan mai giga 12 su ne abin tausayi: GTA V na faifai kaɗai yana neman giga 8 kafin ya tashi. Wannan sai an saka mata had-dis, ba wata dabara.

To idan fili ya ƙare, me za a goge? Nan ne ake yin ɓarnar da ba ta gyaruwa, don abu uku ne daban da juna, mutane na ɗaukar su ɗaya. Akwai gem ɗin kansa. Akwai abin da ke cikin "Game Data Utility", wato sabuntawa da kayan da faifai ya zuba don ya yi saurin buɗewa. Sai kuma "Saved Data Utility", inda guminka yake: matakin da ka kai, kofunan da ka ci, 'yan wasan da ka saya. Na tsakiyar shi ne mai cin fili, kuma idan ka goge shi za ka iya dawo da shi, sai dai data ta sha kashi, wani lokacin har da ƙarin kayan gem da ka saya sai ka sake sauke su. Na ukun ɗan mitsitsi ne, goge shi ba zai ba ka filin a zo a gani ba, kuma idan ya tafi ya tafi ke nan. Haka goge sunan mai amfani: duk ajiyar da ke ƙarƙashin sunan tare suke tafiya. A shago na ga yaro ya zauna a ƙasa yana kuka wiwi saboda wani ya goge sunansa don ya rubuta nasa. Tun ranar na koma kwafe ajiyar kowa a filash duk Juma'a kafin a tafi masallaci. Ka danna maɓallin alwatika na hannun gem a kan ajiyar, ka zaɓi "Copy", minti ɗaya bai cika ba. Wasu gem ɗin suna kulle ajiyarsu ba ta kwafuwa ta nan, su sai ta "Backup Utility" da ke cikin saitin na'ura.

Filash ɗin da ba ta gani

"Na soka filash, ba ta nuna komai." Kusan kullum amsar ɗaya ce. Fomat ɗin filash iri-iri ne, PS3 ba ta karanta NTFS ko exFAT da kanta, FAT32 kawai ta sani, kuma a tsarin rabo na MBR, ba GPT ba. Tagar fomatin da aka saba da ita a Windows ba ta ba da FAT32 ga abin da ya haura giga 32, sai an nemi wata ƙaramar manhaja ta daban. FAT32 ɗin kuma yana da iyaka: fayil ɗaya ba ya wuce giga 4. Shi ya sa kwamfuta za ta ce maka fayil ya yi girma alhali filash ɗin wayam yake. Idan fomat ɗin daidai ne amma har yanzu ba ka ga komai ba, danna alwatika ka zaɓi "Display All".

A kula da filash na bogi. Za a sayar maka da mai rubutun giga 128 a kuɗin banza, cikinsa bai kai kusa da haka ba. Zai karɓi fayil kamar da gaske, amma abin da ya wuce ainihin cikinsa shara ne. Akwai manhajar kwamfuta ta kyauta mai suna H2testw, tana cika filash ɗin ta karanta shi ta faɗa maka gaskiyarsa. Ka gwada tun ranar da ka saya, tun rasit na hannunka.

Wuta

A nan Zariya ba sai an yi wa kowa bayani ba. Abin da nake so a gane shi ne ba ɗauke wutar ce matsalar ba, lokacin da aka ɗauke ne. Akwai 'yar fitila mai ruwan goro a gaban na'urar, idan tana ƙiftawa to ana rubutu a had-dis. Wuta ta yanke a wannan daƙiƙar, fayil ya lalace. Mafi muni a yanke ana sabunta manhajar na'urar kanta, wannan kan iya hana ta tashi gaba ɗaya. Kada a fara babban aiki a kan janareton da mansa ya kusa ƙarewa, kada kuma a sauya daga janareto zuwa wutar gari ana tsakiyar sakawa. Ƙaramin UPS da zai riƙe ta minti biyar ya fi maka sabon hannun gem amfani. Masu ƙatuwar farko kuma su daina kashe ta da makunnin baya kai tsaye, a kashe ta gaba tukuna, jar fitila ta tsaya. Ƙurar hunturu da zafin Maris da Afrilu su ma suna kashe ta ana cikin aiki: a fito da ita daga cikin kabat, a ɗauke mata ƙyallen da ake lulluɓa mata, a hure ramukan iskar.

Akwai wani kuskure da ko manya ba su cika lura da shi ba. Faifan da ake samu a PZ da Sabon Gari gauraye suke, wasu daga Turai, wasu daga Amurka. Duba gefen kwalin: BLES na Turai ne, BLUS na Amurka, na saukewa kuma NPEB da NPUB. Kusan kowane gem zai tashi a kowace PS3, amma ajiya da ƙarin kaya lambar suke bi. Ajiyar PES 2018 ta BLES ba za ta buɗe a na BLUS ba, ko da hoton kwalin iri ɗaya ne. Kafin ka kashe kuɗi ko data a kan ƙarin kaya, karanta haruffa huɗun nan.

Gem ɗin da aka saya a shagon PlayStation na intanet kuma yana ɗaure da asusun wanda ya saya, kuma tun Nuwamba 2011 na'ura biyu kawai asusu ɗaya ke iya kunna wa gem. Wanda ya sayi PS3 ta hannu ya goge sunan tsohon mai ita, sai ya wayi gari gem sun ƙi buɗewa. Idan asusunka ne, abin da ka saya yana nan a "Download List", ka sake saukewa ba ko kwabo. Tun 27 ga Oktoba 2021 ba a biya da katin banki ko PayPal a cikin PS3, sai an zuba kuɗi a asusun ta wani wurin, kuma daga sabuntawar 4.89 ta Mayu 2022 sai da kalmar sirri ta musamman da ake ƙirƙira a shafin Sony ake shiga. Masu na'urar da aka yi wa HEN, wato kutsen da ke sa ta buɗe gem ɗin da aka kwafa, su riƙe abu biyu: sai an kunna shi duk lokacin da aka tashi na'urar kafin gem su buɗe, kuma amsa tayin sabuntawa yana share shi. Shiga intanet ɗin Sony da irinta kuwa kan jawo a rufe asusu ko na'urar.

Had-dis ɗin PS3 a kulle yake da makullin na'urar da ta yi masa fomat. Ka cire shi ka saka a ta abokinka don "ku raba gem", za ta ce sai ta wanke shi. Ka soka shi a kwamfuta, Windows ba za ta gane shi ba, za ta nemi ta shirya shi, kana amsawa ka ɓata shi. Idan girma kake so, sayi na laftof mai inci 2.5, SATA, kauri milimita 9.5, kada ya wuce tera 1. Ka fara kwashe komai ta "Backup Utility", ka kuma tanadi manhajar na'urar a filash, folda mai suna PS3, cikinta folda UPDATE, cikinta fayil PS3UPDAT.PUP, duk da manyan baƙaƙe.

Idan dai ta rikice, gem sun ɓace daga jeri ko tana daskarewa, akwai ƙofar da ya kamata a bi kafin a je wurin mai gyara. Kashe ta. Danne maɓallin kunnawa har ta yi ƙara ta sake mutuwa. Sake dannewa, ka jira ƙara biyu a jere da sauri, ka saki. Haɗa hannun gem da waya, danna maɓallin PS da ke tsakiyarsa. Zaɓi shida za su fito. Na huɗu, "Rebuild Database", yana sake jera kayan cikinta ba tare da taɓa gem ko ajiya ba, da shi ake farawa. Idan bai yi ba sai na uku, "Restore File System", wanda ke gyara tsarin fayil, ya zubar da waɗanda suka lalace. Na biyar, "Restore PS3 System", shi ne wankin da ke share komai, kuma yana nan daf da na huɗu, don haka a karanta da kyau kafin a danna.

Ta ɗan yayata ko wannan ba mu kai ba. Mun goge gurguwar fayil ɗin, muka ja waya daga rauta, muka bar ta tana saukewa bayan la'asar. Kafin isha ta gama. Na ba shi wani tsohon filash mai giga 4, na tsaya a kansa har ya kwafe Master League ɗinsa da hannunsa, sannan ya mayar da ita cikin buhun ya tari Keke zuwa Gyallesu.