Yadda Ake Haɗa Labarin Zane da Ɗalibai a Aji

A makarantun firamare na Garwa da Marwa, a arewacin Kamaru, yara da yawa da Hausa ko Fillanci suke tashi a gida, alhali da Faransanci ake ba su darasi. Labarin zane, wato labarin da ake bayarwa cikin jerin zane-zane, wanda ake kira BD da Faransanci, yana rage wannan tazara, musamman a ajin CM1 da CM2, wato azuzuwa biyu na ƙarshe a firamare.

Da farko malam ya zaɓi batu ɗaya daga darasin makon, misali yadda sauro ke yaɗa zazzaɓi da amfanin gidan sauro. Sannan ya raba yara huɗu-huɗu ko biyar-biyar. Idan aji ya cika maƙil, 'yan bencin gaba su juya su fuskanci na bayansu.

Kafin kowa ya taɓa fensir, kowane rukuni ya tsara labarinsa da baka, cikin harshen da ya fi masa sauƙi: wane ne ya kwanta ciwo, me ya jawo, yaya aka ƙare. A ganina nan ne ainihin karatun yake, domin yaron da ba ya ɗaga hannu a aji yakan buɗe baki idan gardama ta kaure da Hausa a kan ko sauron rana ma yana kawo zazzaɓi. Kada malam ya yi gaggawar raba wannan gardama.

Bayan haka a ninke farar takarda gida shida. A kowane gida a fara rubuta maganar da Faransanci, gajeriya, sannan a zagaye ta da da'ira. Wanda ya fara zana da'irar zai ƙare yana matse haruffa kamar tururuwa. Biro kuwa sai malam ya duba rubutun tukuna.

Takardar ta riƙa zagayawa, kowa ya zana gida ɗaya aƙalla. Na taɓa barin wani gwanin zane ya riƙe ta shi kaɗai, sai ga dorinar kogin Binuwai ta cinye gida huɗu, sauro ko ɗaya babu.

Daga ƙarshe rukunoni su yi musayar takardu, kowanne ya karanta na maƙwabcinsa a fili. Inda mai karatu ya tsaya yana tambaya, a nan aka tsallake wani mataki, sai a mayar wa masu ita su gyara. Waɗanda aka kammala a liƙa su a bango, ko a adana su don baje kolin makon Ranar Matasa, 11 ga Fabrairu.