Yadda ake neman diyyar naƙasa ta dindindin bayan haɗarin mota a Najeriya

Mutumin da ya rasa ƙafa, ko hannu, ko ido, ko lakarsa ta taɓu a haɗarin mota yana da haƙƙin diyya a dokar ƙasa, amma yawanci haƙƙin yana salwanta ne tun a makon farko, lokacin da hankalin dangi ya tattara a kan jinya kuma babu mai tunanin takarda. Saboda haka ya kamata a ware mutum ɗaya cikin iyali wanda aikinsa shi ne tattara shaida.

Abu na farko shi ne a tabbatar an kai rahoto ofishin 'yan sanda, sashen da ke kula da haɗurran mota, a karɓi kwafin rahoton da zanen wurin da abin ya faru. A rubuta lambar motar, da sunan direba da na mai ita, da lambobin wayar waɗanda aka yi abin a gabansu. Sannan a binciki inshorar motar a NIID, wato rumbun bayanan kamfanonin inshora na ƙasa, domin takardun bogi sun yi yawa a hannun direbobi. Inshorar dole da ake kira ta mutum na uku, wato mai biyan wanda motar ta yi wa ɓarna, wadda hukumar kula da inshora ta ƙasa, NAICOM, ta ɗaga kuɗinta zuwa naira 15,000 ga motar gida daga Janairun 2023, ta ƙayyade diyyar ɓarnar dukiya a naira miliyan 3, amma ba ta sa iyaka ga diyyar rauni ko mutuwa ba. Mutane da yawa ba su san wannan bambanci ba, shi ya sa suke karɓar abin da bai taka kara ya karya ba.

Takardar da ta fi kowace nauyi ita ce rahoton likita. A nan ne nake jan hankalin masu ɗauke majinyaci daga asibiti zuwa wurin mai ɗori tun ba a ɗauki hoton ƙashin ba, domin mai ɗori ba ya ba da takardar da kotu ko kamfanin inshora za su karɓa, kuma idan ƙafar ta lalace za a ce jinyar gida ce ta jawo. Ya kamata ƙwararren likita, irin waɗanda ke Asibitin Ƙashi na Dala a Kano, ya rubuta irin raunin, da aikin da aka yi, da yawan naƙasar da ta rage bayan an warke, da ko mutum zai iya komawa sana'arsa. Wannan ƙiyasi ba ya yiwuwa sai ciwon ya tsaya, wanda kan ɗauki watanni. Don haka kada a sa hannu a takardar sulhu ko ta yafiya kafin lokacin, ko da manyan unguwa ne suka zo ban baki. Yafiya alheri ce ga wanda ya so, amma ya dace mai yafewa ya san girman abin da yake yafewa, kuma idan motar tana da inshora ta gaskiya, kuɗin da za a biya daga kamfanin inshora zai fito.

Kotu na raba diyya gida biyu. Akwai asarar da aka riga aka yi, kamar kuɗin tiyata, da magani, da keken guragu ko ƙafar roba, da albashin da ya tsaya, kuma wannan sai an kawo rasit ɗinsa ɗaya bayan ɗaya. Akwai kuma diyyar azaba da raguwar samu nan gaba, wadda alƙali ke ƙiyastawa bisa shekarun mutum da sana'arsa. Ɗan kasuwa ko ɗan acaɓa da ba shi da takardar albashi zai iya kawo bayanan asusun banki ko shaidar shugabannin ƙungiyarsa.

Da waɗannan takardu ake rubuta wa kamfanin inshora da mai motar. Idan sun ƙi biya ko sun yi tayin wulaƙanci, sai a kai ƙara babbar kotun jiha, a kuma sanar da kamfanin a rubuce. Wanda ba shi da halin ɗaukar lauya ya nufi ofishin Legal Aid Council, hukumar da ke ba marasa hali lauya kyauta, na jiharsa. Wa'adin shigar da ƙara ya bambanta daga jiha zuwa jiha, kuma idan motar hukuma ce yana iya zama wata uku kacal, saboda haka a ga lauya tun ana asibiti.

Ma'aikacin da haɗari ya rutsa da shi a bakin aiki, ko a hanyarsa tsakanin gida da wurin aiki, yana da wata ƙofa ta daban a ƙarƙashin dokar diyyar ma'aikata ta 2010, wadda hukumar inshorar ma'aikata ta ƙasa, NSITF, ke gudanarwa. Zai sanar da ma'aikatarsa cikin kwana 14, ya miƙa buƙatarsa cikin shekara ɗaya, kuma idan naƙasar ta hana shi aiki gaba ɗaya, dokar ta tanadi a riƙa biyansa kashi 90 cikin 100 na albashinsa duk wata.