Soyayyen biredi da ƙwai: yadda ake yin sa da mai kaɗan, ba a zuba sukari ba

Da an ce a rage wa soyayyen biredi nauyi, ƙwai mutane ke fara hararowa, alhali yawancin man daga kasko yake shiga. Duk abin da kika tsiyaya sai biredin ya shanye, ki ƙara, ya sake shanyewa. Cokalin cin abinci ɗaya na man gyaɗa giram 14 ne, wajen kalori 120, kuma a irin suyar da muka saba ba wuya an ƙarar da cokali 3 a kan yanka 6. Shi kuwa ƙwai babba guda, man da ke cikinsa wajen giram 5 ne kacal, kusan dukkansa a ƙwaiduwa. Saboda haka wadda ta rage ƙwai ta bar kasko yana iyo da mai ba ta rage komai ba.

Zancen sukari ma haka yake. Biredin da muke saye a nan Bauchi, ko a shagon unguwa ko wajen mai shayi, da sukarinsa da bota aka kwaɓa shi. Ɗanɗana shi gaya ki ji. To a kan wannan zaƙin ne ake ƙara cokali biyu a ruwan ƙwai, wata ma ta tsiyaya madarar nan mai kauri wadda fiye da rabinta sukari ne. A shekarar 2015 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ba da shawarar kada sukarin da ake ƙarawa ya kai kashi 10 cikin 100 na kuzarin da mutum ke samu daga abinci a yini, in da hali ma ya sauko ƙasa da kashi 5, wato wajen giram 25, cokalin shayi 6. Manyan cokula biyun nan da ake zubawa a ƙwai su kaɗai sun kai giram 25 ɗin.

Abincin nan shi ne wanda littattafan girki ke kira tos ɗin Faransa, kuma asalinsa dabara ce ta ceton biredin da ya kwana. Wannan ya yi mana daidai, domin kwanannen biredi shi ne rabin aikin. Sabon biredi mai laushi yana shiga ruwan ƙwai yake caɓewa, ya manne a kasko, sai ki ga dole ki ƙara mai don ki ɓamɓaro shi. Wanda ya kwana ya ɗan bushe kuwa yana shan ruwan daidai, ya riƙe jikinsa. Ki sayi dunƙule wanda ba a yanka ba, ki yanka da kanki, kauri kamar santimita 2. In lokacin hunturu ne, ki baza yankan a faranti ki rufe da raga, iskar da kanta za ta busar miki da shi kafin ki gama wanke-wanken safe. Da damina a kula, biredi na saurin yin fumfuna. Wanda kika ga ɗigon kore ko baƙi a jikinsa ki zubar da shi duka, kada ki ce za ki yanke wurin, saiwar abin ta riga ta shiga ciki inda ido ba ya gani. Biredin alkama ya fi, don dusar da ke cikinsa na riƙe ciki ta jinkirta yunwa. Sai dai ba kowane mai launin ƙasa-ƙasa ne na alkama ba, wani launi kawai aka sa masa, ki duba abin da aka rubuta a ledar.

Na yanka 6, abin da zai ishi mutum uku, ina fasa ƙwai guda sukutum, in ƙara farin ƙwai biyu. Kada a cire ƙwaiduwar gaba ɗaya. Farin ƙwai zalla yana sa biredin ya fito fari fat, ya yi danƙo a baki, babu armashi. Ƙwaiduwa ɗayar nan ita ke ba shi launi da ɗanɗano. Biyun da suka rage ki soya wa yara a ranar, kada ki ajiye su kina dogaro da firjin da wuta ke zuwa tana tafiya. In damina ce ana ta tallar ƙwan zabi, ki sani ya fi na kaza ƙanƙanta, kuma ƙwaiduwarsa ta fi cika shi, sai ki sa guda biyu sukutum da fari uku.

Sai madara, cikin ƙaramin gwangwanin madara ɗaya, wajen mililita 150. Madarar ruwa ta gwangwani tana da mai kusan kashi 8 zuwa 9 cikin 100, ninki biyu da ɗoriya na madarar shanu da aka tatso. Saboda haka ki nemi madarar gari wadda aka cire wa mai, ki dama cokali 2 a cikin ruwa gwangwani guda. A nan ma sai an karanta leda, domin da yawa daga cikin ƙananan ledoji masu araha an cire musu man shanu ne an mayar da man itace a madadinsa, man yana nan bai tafi ko'ina ba.

Ni dai na fi son tsala. Nonon da matan Fulani suka kaɗa suka kwashe man shanunsa, ai madara ce marar mai tun kafin kamfani ya fara yi. Ɗan tsaminsa yana karya ƙarnin ƙwai, yana kuma sa cikin biredin ya yi laushi. Ki saya wajen wadda kika yarda da tsaftarta, ki ce mata tsala kike so ba kindirmo ba, don kindirmo da mansa yake. In ya yi kauri ki sassauta shi da ruwa kaɗan ki tace.

Zaƙin kuma daga ayaba zai fito. Rabin ayaba wadda ta nuna lugub, ɓawonta ya yi ɗigo-ɗigon baƙi. Irin wadda masu kayan marmari a kasuwar Muda Lawal ke warewa gefe su sayar da araha don ta kusa wucewa, ita ce ta wannan aiki. Ki dame ta da cokali mai yatsu har ta zama ba gudaji, ko ki haɗa ta da madarar ki markaɗa. Gudajin da kika bari zai manne a bayan biredi ya ƙone. Ki zuba garin kirfa rabin cokalin shayi, gyaɗar ƙamshi ɗan kankare, da gishiri abin da yatsu biyu suka ɗauka. Kirfa ba ta da sukari, amma ƙamshinta na sa baki ya ji abu ya fi zaƙi, gishirin kuma yana fito da ɗan zaƙin da ke akwai. Mai son citta ta sa kaɗan. Kanumfari kuwa yana da ƙarfi, ƙwaya ɗaya da aka daka ta isa, in ya yi yawa sai abin ya koma kamar magani. Kirfa ba ta narkewa a ruwa, tasowa take sama ta bi yankan farko, don haka ki riƙa motsa haɗin kafin kowane tsomi.

Ki kaɗa sosai har farin ƙwan ya daina yauƙi, ki juye a faranti mai faɗi. Kowane yanka daƙiƙa 15 zuwa 20 a gefe guda, ki juya, ki ɗaga ya tsane. In biredin leda ne da aka riga aka yanka siriri, tsomawa kawai za ki yi ki cire.

Yanzu kasko, inda duk maganar take. Cokalin shayi 2 na mai shi ne na yanka shidan gaba ɗaya. Ki auna shi a murfi ko ƙaramin kofi ki ajiye kwalbar nesa, don hannu ya saba da tsiyayawa. Ba zuba shi ake yi ba, shafawa ake. Ki naɗe tsumma mai tsafta ko takardar goge hannu, ki dangwala, ki goge cikin kaskon har ya yi sheƙi, ki sake gogewa kafin kowane zubi. Kaskon da ba ya kamu ya fi sauƙi, amma kada a sa masa cokalin ƙarfe. In babu shi, kasko mai kauri da nauyi zai yi. Siririn kaskon nan na gwangwani da ke ɗaukar zafi nan take ba zai yi ba, ƙonewa zai yi ta yi. Kuma kada a ruɗe ki da cewa wani mai ya fi wani sauƙi ta fuskar ƙiba. Man gyaɗa da man zaitun duk kalori 9 ne a giram guda. Wadda ke kewar ƙamshin bota ta sa soyayyen man shanu rabin cokalin shayi a cikin awon nan, ba a kansa ba. Ƙamshinsa ya fi na bota nisa.

Wuta ta zama tsaka-tsaki tana karkata ga ƙasa. Da mai mai yawa, shi man ke kai zafi ko'ina ya soya abu da sauri. Da babu shi, haƙuri da murfi ke yin aikin. Ki jera yanka biyu, ki rufe kaskon kamar yadda ake rufe sinasir, tiririn ya dafa cikin yayin da ƙasan ke yin ja. Bayan kamar minti 3 ki ɗaga gefe ki leƙa. In ya ƙi sakin kasko, bai yi ba ne, ki ƙara masa rabin minti, da kansa zai saki. Ki juya, wannan karon a buɗe, minti 2 zuwa 3, don bayan ya bushe ya ɗan yi ƙarfi. Zaƙin ayaba na saurin kamawa, saboda haka kada ki tafi shanya. Mai girki da gawayi ta jira har ya daina ci bal-bal, toka ta rufe shi, sannan ta ɗora. Alamar ya nuna: ki danna tsakiya da yatsa ya taso, ba ruwan da ya ɓullo. In ruwa ya fito, ƙwan bai dahu ba, a mayar.

Kina saukewa kada ki jibga su kan juna a kwano ki rufe, gumi za su yi su saki. Ki jera a kan raga ko faranti a warwatse.

Ki haɗa lissafi ki gani. Tsohuwar hanya, ƙwai 3 da mai cokali 3, man ya haura giram 55. Wannan kuwa ƙwaiduwa ɗaya da cokalin shayi 2, wajen giram 14, ban da wanda ke cikin biredin tun daga gidan gashi.

Abin da ake ɗorawa a kai shi ke yawan rusa aikin. An hana sukari sai a kwarara zuma, an gudu ba a tsira ba, domin cokalin cin abinci ɗaya na zuma yana ɗauke da sukari wajen giram 17, kuma Hukumar Lafiya ta Duniya ta lissafa ta cikin sukarin da ake ƙarawa. In ana so, cokalin shayi ɗaya a zirara wa faranti. Dabino ma kusan kashi biyu cikin uku nasa sukari ne, ƙwaya biyu a yayyanka sun wadatar. Abin da ya fi dacewa shi ne gwanda, ko mangwaro a lokacinsa, ko sauran rabin ayabar nan, da cokalin yogot marar sukari. Da hunturu in mai zuwa Jos ya taho miki da sitiroberi, tsaminsa da kirfa suna tafiya ƙwarai. Sai kuma a duba shayin da za a kora da shi, kada sukarin da aka kora ta ƙofa ya dawo ƙwaya huɗu a kofi.

Wata magana da nake so a riƙe: wannan ba abincin mai ciwon sukari ba ne don kawai ba a zuba sukari ba. Farin biredi da kansa yana ɗaga sukarin jini da sauri. In Baba ko Hajiya na gida suna da ciwon, a yi musu da biredin alkama, a cire ayabar, a tsaya a yanka ɗaya ko biyu gwargwadon abin da likitansu ya tsara.

Su ne ma suka fi jin daɗin na gishiri, wanda maigidana ya fi so. A bar ayaba da kirfa, a goga albasa kaɗan da attaruhu guda a ruwan ƙwan, a sa masoro, a soya yadda na faɗa. Gogawa ake yi, ba yankawa ba, don yankakkiyar albasa zubewa take a kasko ta ƙone. Mai hawan jini a sassauta masa gishiri da dunƙulen ɗanɗano.

In mutane na da yawa, kamar sahur a gida mai iyali, tsayuwa kan kasko bibbiyu ba za ta yi ba. Mai oban ta shafa wa tire mai, ta jera duka, ta gasa a zafin digiri 200 na minti 10, ta juya ta ƙara minti 6 zuwa 8. Wanda za a sa wa yara a kwanon makaranta a bari ya huce tukuna kafin a rufe. Abin da ya rage kuma a sa a firji, a ɗumama washegari a busasshen kasko, minti ɗaya kowane gefe, ba a ƙara mai ba.