Yadda na gyara gugar taya a 504 ɗina

Peugeot 504 ɗina mai dogon baya ta zo da tayoyi masu faɗin milimita 205. Da na loda buhunan gero zuwa Dan Isa, sai na baya su riƙa gugar jikin mota a kowane rami, har ƙaurin roba ya tashi.

Mai faci a Maradi ya taɓa gefen tayar da ya ci, ya ce: "Alhaji, koma 185 R14."

185 faɗi ne a milimita, 14 girman janti a inci. Na zaɓi mai harafin C, don gefenta ya fi ƙarfi, ta fi jure lodi. Lambobi huɗu na ƙarshen DOT, wato lambar ƙira da ke rubuce a gefen taya, su ma na duba, mako da shekarar ƙira ke nan, saboda tsohuwar taya ba ta jure zafin kwaltarmu.

Gugar ta ɗauke, sitiyari ya yi sauƙi.