"Ina zuwa" da sauran kalmomin da ke ba baƙo kunya

Ɗan'uwa sabon zuwa ƙasar waje, kalmar da ba ka sani ba ba ta cika ba ka kunya ba, don dole ka tambaya. Wadda kake ganin ka iya ce ke kayar da kai.

Mu fara da halinmu. Mutum ya yi tuntuɓe, mu ce masa sannu, kuma mun saba mayar da sannun nan "sorry". Bature ya zame a kan ƙanƙara ka ce masa haka, sai ya dube ka da mamaki ya ce ai ba laifinka ba ne. "Ina zuwa" ta fi muni. Na taɓa ce wa abokin aikina "I'm coming" ina kama hanyar fita, bawan Allah ya yi tsaye yana kallon ƙeyata, ya rasa gane yadda mai zuwa ke tafiya. Su ma suna da tasu: a Ingila in an ce maka "You alright?" gaisuwa ce kawai, irin "ya gida". Kada ka zauna kana lissafa ciwon bayanka.

Akwai waɗanda kuma ba abin dariya ba ne, don suna iya jawo maka asara. A Amurka wata ake fara rubutawa kafin rana, saboda haka 3/4 na nufin 4 ga Maris, a Ingila kuwa 3 ga Afrilu. "Half eight" na Ingila takwas da rabi ne, "halb acht" na Jamus bakwai da rabi. In ganin likita ne ko hirar neman aiki, nemi a rubuto maka.

Masu zuwa ƙasashen Larabawa, kada karatun allo ya ruɗe ku. "Aish" burodi ne a Masar, a Kuwait shinkafa. Direba a Alkahira ya ce maka "mashi", ba makami yake nufi ba, "to" yake cewa. A Yaman kuwa in an kira ɗanka "jahil" kada ka tada jijiyar wuya, yaro ake nufi.

Wanda kuma ya kawo tsohuwa Faransa, ya ja wa yara kunne su daina ƙwala kiran "Kaka!" a cikin jirgin ƙasa. A bakin yaran can, kashi ke nan.